Sulhun Birnin Gwari A Ma'aunin Shari'a: Ina Haƙƙin Wanda Aka Kashe Wa Ɗan'uwa?

Bismillahir Rahmanir Rahim. 

'Yan'uwa masu bibiyar karatunmu, darasin yau wata tambaya ce ta jawo shi. Bayan mun tashi daga karatu tsakanin Magariba da Isha'i, wani bawan Allah mutumin yankin Birnin Gwari ya tsaya har kowa ya watse, sannan ya matso ya ce: "Malam, an kashe ƙanena a gona, ya bar mini marayu. Yanzu an ce an yi sulhu. Ranar kasuwa ina ganin mutanen daji suna ciniki hankali kwance. Idan zuciyata ta ƙi yarda, na saɓa wa Allah ke nan?"

Wallahi sai da na yi shiru na ɗan lokaci. Amsar da na ba shi ita ce nake son in faɗaɗa a nan, domin na san ba shi kaɗai ke ɗauke da wannan nauyi ba.

Da farko mu tuna daga ina aka fito. A watan Oktoba na 2012 aka kashe mutane a Dogon Dawa, wasunsu a lokacin sallar Asuba. A watan Maris na 2018 aka kashe sojoji 11 a Kamfanin Doka, watan Mayu na shekarar kuma aka afka wa Gwaska aka kashe mutane sama da 40. Hanyar Kaduna zuwa Birnin Gwari, tafiyar kilomita kusan 120, ta koma sai da rakiyar jami'an tsaro, wanda ya wuce Buruku da Udawa lafiya sai ya yi hamdala. A kan wannan hanya Kuriga take, inda aka kwashi ɗalibai ranar 7 ga Maris, 2024. Dazukan Kamuku da Kuyambana suka zama mafakar masu bindiga. An gwada ƙarfi, har layin waya aka toshe a 2021, amma jini bai tsaya ba. A ƙarshen Nuwamba na 2024 Gwamna Uba Sani ya je Birnin Gwari, masarautar Mai Martaba Zubairu Jibril Maigwari II, ya karɓi waɗanda suka ce sun tuba, aka sake buɗe kasuwar shanu da ta yi shekaru a rufe.

To, me Shari'a ta ce? Mu ɗauke shi gaɓa-gaɓa.

Gaɓa ta farko: sulhu asali ne a addini. Aya ta 9 a Suratul Hujurat ta umarci a shiga tsakanin ɓangarori biyu na muminai idan suka yi faɗa, a yaƙi wanda ya ƙi ji har ya dawo, idan ya dawo kuma a daidaita su da adalci. Ku lura, aya ɗaya ta haɗa abu uku: sasanci, ƙarfi, da adalci. Wanda ya ɗauki ɗaya ya bar biyu bai karanta ayar duka ba.

A shekara ta 6 bayan Hijira, Annabi (SAW) ya zauna da Suhailu bin Amru a Hudaibiyya aka rubuta ajiye yaƙi na shekara 10. Waɗannan Ƙuraishawa fa su ne suka kashe sahabbai 70 a Uhudu. Sharuɗɗan sun yi wa Musulmi ɗaci, har aka mayar da Abu Jandal hannun mahaifinsa yana cikin mari, har Sayyidina Umar ya kasa haƙuri ya je yana tambaya. Amma ku duba sakamako. Mutum kusan 1,400 ne a Hudaibiyya, bayan shekara biyu da mutum 10,000 aka shiga Makka. Haka Sayyidina Hasan ya sauka ya bar wa Mu'awiya mulki a shekara ta 41 don jinin Musulmi ya tsaya. Saboda haka mai cewa zama da abokin gaba ragwanci ne, ya sake duba Sira.

Gaɓa ta biyu, kuma nan ne mutane suka fi ruɗewa: ajiye faɗa daban, tuba daban, yafe jini daban. Ajiye faɗa hurumin shugaba ne, shi zai auna maslaha. Tuba tsakanin bawa ne da Ubangijinsa, amma tana da alamomi da ido ke gani: a daina, a saki wanda aka tsare, a mayar da abin mutane. Shi kuwa jini, na magada ne.

Ayoyi na 33 da 34 a Suratul Ma'ida su suka kawo hukuncin ɗan fashi mai tare hanya, suka kuma keɓe wanda ya tuba kafin a kama shi. Malamanmu na Malikiyya, kamar yadda duk wanda ya yi karatun Risala a zaure ya sani, sun bayyana cewa wanda ya zo da kansa yana mai tuba, haddin da yake haƙƙin Allah ne ya faɗi a kansa, amma haƙƙin mutane na jini da dukiya yana nan. Kun gane? Gwamna zai iya cewa ba zai yaƙe ka ba. Ba zai iya yafe maka jinin ƙanen wani ba, don ba nasa ba ne.

Wani zai ce, to Malam, idan aka ce sai an yi ƙisasi ai babu wanda zai fito daga daji. Gaskiya ne, kuma Shari'a ba ta toshe wannan ƙofa ba. Lokacin da aka tsinci gawar Abdullahi bin Sahlu a Khaibara ba a tabbatar da wanda ya kashe shi ba, Annabi (SAW) da kansa ya biya diyyarsa raƙuma 100 don kada jininsa ya tafi a banza. Wannan hujja ce cewa hukuma tana iya ɗaukar nauyin diyya idan hakan ne zai kashe fitina. Sulhun da aka kula da mai bindiga aka manta da bazawara da maraya, an binne wuta ne a cikin toka.

Kuma adalci ba gefe ɗaya yake kallo ba. Akwai Bafulatanin da bai taɓa riƙe bindiga ba, aka sace shanunsa, aka ƙone rugarsa, ko aka tare shi a hanyar kasuwa aka kashe don kamanninsa kawai. Jininsa da jinin manomi farashinsu ɗaya a wurin Allah. Duk wanda ya ji zafin ɗaya bai ji na ɗayan ba, ya binciki zuciyarsa.

Gaɓa ta uku: mumini ba a saransa sau biyu a rami ɗaya. Maƙwabtanmu sun riga mu gwadawa. Zamfara ta yi sulhu da Buharin Daji a ƙarshen 2016, abin ya warware, a 2018 Dogo Giɗe ya kashe shi, daba ta ƙara rarrabuwa. Katsina a zamanin Gwamna Masari ta yi sau biyu, daga baya shi da bakinsa ya ce an ci amanarsa. Auwalun Daudawa, wanda ya jagoranci sace ɗaliban Ƙanƙara a Disambar 2020, ya miƙa makamai ya rantse a Fabrairun 2021, bai cika wata uku ba ya koma daji, can aka kashe shi.

Me ya sa? Ni dai abin da na fahimta guda uku ne. Na ɗaya, Ƙuraishawa sun tura mutum ɗaya ya sa hannu a madadin kowa, daji kuwa kowace daba da ubangidanta, ka daidaita da wannan, wancan bai san zancen ba. Na biyu, idan bindiga tana nan a hannu, kuma dajin ya haɗe da Zamfara da Katsina da Neja, mai sulhu a nan yana iya zama mai hari a can. Na uku, ba a faɗi hukuncin wanda ya karya alkawari ba. A Hudaibiyya, da Banu Bakrin suka afka wa Khuza'a da taimakon Ƙuraishawa, ba a kawar da kai ba. Abu Sufyan ya zo Madina neman a sabunta, bai samu ba. Yarjejeniyar da babu horo ga mai karya ta, takarda ce kawai.

Yanzu in koma kan mai tambayata. Na ce masa: ɗan'uwana, ba ka yi laifi don zuciyarka tana ciwo ba. Wahshi, wanda ya kashe Sayyidina Hamza, ya zo ya musulunta, Annabi (SAW) ya karɓi musuluncinsa bai taɓa shi ba, amma ya nemi ya riƙa kauce wa ganinsa. Idan fiyayyen halitta ya ji wannan zafi, kai wane ne da za a ce dole ka yi musu fara'a? Abin da aka hana ka shi ne ka ɗauki fansa da hannunka, ko ka rura wutar da za ta rushe zaman da ya bar maƙwabcinka ya koma gona. Haƙƙinka ka neme shi ta hannun mai unguwa, da hakimi, da masarauta, da hukuma. Idan ka yafe, ladanka yana wurin Allah. Idan ba ka yafe ba kuma ba a biya ka a duniya ba, ka sani shari'ar jini ce farkon abin da za a yi tsakanin mutane ranar Alƙiyama.

Ya share hawaye ya ce, "Malam, ko suna kawai a rubuta, a san an kashe shi." Wannan magana nake miƙa wa masu iko: a ƙirga matattu na kowane ɓangare da sunayensu, a duba marayu, a kai makaranta da asibiti da malamai har ruga, a karɓi makamai da gaske.

Mu kuma masu waya a hannu, mu ji tsoron Allah. Kada ka tura labarin hari da ba ka tabbatar ba, kada ka zagi ƙabila sukutum saboda laifin wasu.

Allah Ya jiƙan waɗanda muka rasa, Ya kuɓutar da waɗanda ke hannu, Ya shiryi masu shiryuwa, Ya isar mana ga masu taurin kai. Allah Ya zaunar da Birnin Gwari da ƙasarmu lafiya. Wallahu a'alam.