Amsar Tambaya: Kallon Kyamarar Gida Daga Waje

Malam, ka ce kana ganin kyamarorin gidanka a waya muddin kana cikin gida, amma da ka fita sai hoto ya ɗauke. Rauta ce ke korar duk wanda ya ƙwanƙwasa daga waje, sai ka nuna mata ƙofar da za ta buɗe.

Fara da ba akwatin naɗar hoton tsayayyen adireshi, misali 192.168.1.50, don kada ya sauya in an ɗauke wuta. Sannan rubuta 192.168.1.1 a burauza, ko adireshin da ke jikin rautar. Nemi sashen da aka rubuta Port Forwarding ko Virtual Server, ka sa adireshin akwatin da lambar ƙofa: 8000 ga Hikvision, 37777 ga Dahua.

Amma kafin ka wahala, duba adireshin da kamfanin intanet ya ba rautarka. In ya fara da 10, ko yana tsakanin 100.64 da 100.127, taron jama'a ne ke kan adireshi ɗaya, kamar yadda aka saba a rautoci masu sim. Nan buɗe ƙofa ba zai yi aiki ba. Sai ka nemi adireshi naka na kanka, ko ka koma manhajar kamfanin kyamarar, irin su Hik-Connect.

Don Allah ka canza kalmar sirrin da akwatin ya zo da ita kafin ka buɗe komai. Iyalinka ne a hoton nan.