Darasi: In Bashi Ya Kai Ga Gwanjon Gida Ko Gona

'Yan'uwa, bashi hanji ne, yana cikin kowa. Mukan ci bashin taki da iri, wani lokaci damina ta ƙi. Cikin Nehemiya sura 5 mun karanta yadda talakawa suka jinginar da gonakinsu saboda yunwa, Nehemiya kuwa ya tsaya har aka mayar musu. Yau ma doka ba ta bar mai bashi ba kāriya.

A Gyadi-Gyadi, cikin ƙaramar hukumar Tarauni a Kano, akwai titin da ake kira Court Road saboda kotunan da ke wurin. Wanda ya je can da sanin hakkinsa ya fi wanda ya je da kuka kawai. Ga abubuwa biyar da za mu riƙe game da hukuncin Babbar Kotu da kotun majistare.

1. Ba a fara da gida ko gona. Dokar zartar da hukunci ta ce a fara da kayan da ake iya ɗauka. Sai in ba su isa ba, mai bin bashi ya nemi izinin kotu. In majistare ne ya yanke hukuncin, daga Babbar Kotu takardar kama ƙasa za ta fito.

2. Kayan da aka kama ba a sayar da su sai bayan kwana 5, in ba masu saurin lalacewa ba ne.

3. In an kama kayan ƙungiya ko na maƙwabci bisa kuskure, mai kayan ya kai ƙara da shaidarsa. Saboda haka mu adana rasit.

4. In an yi gwanjon gida ko gona ba bisa ƙa'ida ba, akwai kwana 21 daga ranar sayarwa na roƙon kotu ta soke cinikin. In sun wuce, ciniki ya tabbata.

5. Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ta ce jinginar da fili mai takardar gwamna sai da yardar gwamna. A 1989 Kotun Ƙoli ta soke wata jingina a shari'ar Savannah Bank da Ajilo saboda rashin wannan yarda.

Amma mu lura, soke gwanjo ba ya share bashi. Gara mu roƙi kotu tun da wuri ta yarda a biya kaɗan-kaɗan. Kada mu ɓuya wa sammaci, kada kuma mu dangwala yatsa a takardar da ba a karanta mana ba. Wanda ba shi da kuɗin lauya, ya nemi Hukumar Taimakon Shari'a ta tarayya, wadda aka kafa a 1976.

Tambayoyi domin taro:
Wa ke ajiye takardun gonar ƙungiyarmu?
In an kawo wa ɗan'uwa sammaci gobe, wa zai raka shi?