Matsayin Mata a Fadojin Ƙasar Zamfara Jiya da Yau, Tare da Kwatanci da Fadojin Indiya

1.0 Gabatarwa

Duk wanda ya tsaya a ƙofar fada ranar hawan salla, a Gusau ko Tsafe ko Bunguɗu, abin da idonsa zai gani maza ne: sarki da hakimai da dogarai da makaɗa. Wannan ne ya sa mutane da dama suka ɗauka cewa sarauta a ƙasar Hausa sha'anin maza ce tun fil'azal, mata kuwa nasu girki ne da raino a bayan katanga. Manufar wannan maƙala ita ce ta nuna cewa ba haka abin yake ba. Mata sun riƙe iko ta hanyoyi uku, watau hawa gadon sarauta, da riƙe muƙami, da tafiyar da cikin gida. Abin da ya ɓoye su shi ne rashin rubuta labarinsu. Don a ga haka a fili, za a kwatanta da matan fadojin Indiya, waɗanda su ma Musulmi ne masu zaman kulle, amma tarihi ya riƙe sunayensu.

2.0 Ƙasar da Ake Magana a Kanta

Jihar Zamfara, wadda aka ƙirƙiro a 1996, ta haɗa ƙasashe masu tushe daban-daban. Tsohuwar daular Zamfara ta faro ne daga Dutsi, cikin ƙasar Zurmi ta yau, kafin ta koma Birnin Zamfara, wanda Gobirawa suka ci a zamanin Sarkin Gobir Babari cikin shekarun 1760. Yankin Gusau da Tsafe kuwa a dā ɓangare ne na Katsina ta Laka, inda birnin 'Yandoto ya shahara da malamai, har Muhammadu Bello ya ci shi da yaƙi wajen 1806. Malam Sambo Ɗan Ashafa, almajirin Shehu Usmanu Ɗanfodiyo, shi ya kafa Gusau a farkon ƙarni na 19. Sunayen sarautun kansu suna ba da wannan labari: Sarkin Katsinan Gusau, da 'Yandoton Tsafe, da Sarkin Fulanin Bunguɗu. Ke nan fadojin nan uku sun zauna ne a mahaɗar al'adun Zamfara da Katsina da Gobir, sa'an nan Jihadi ya ɗora nasa tsarin a kai. Mai neman sawun mata a cikinsu dole ya waiwayi waɗannan daulolin duka.

3.0 Mace a Kan Gadon Sarauta

A jerin sarakunan Zamfara na farko akwai mace guda, ita ce Sarauniya 'Yargoje, wadda ruwayar baka ta ce ta yi mulki daga wajen 1310 zuwa 1350. Ana danganta ta da shugabancin bori, kuma akwai wata tsohuwar fitila da ake jingina mata har yau, ana kiranta fitilar 'Yargoje. Manazarta irin su Kurt Krieger, wanda ya buga littafinsa na tarihin Zamfara da Jamusanci a 1959, da Garba Nadama, wanda ya kammala kundin digirinsa na uku a kan Zamfara a Jami'ar Ahmadu Bello a 1977, sun dogara ƙwarai ga jerin sarakuna da ruwayoyin da aka ajiye a fadojin ƙasar.

'Yargoje ba ita kaɗai ba ce. Jerin sarakunan Daura ya fara ne da mata masu laƙabin Magajiya, har zuwa Daurama ta labarin Bayajida. A Zazzau akwai Amina, wadda littafin Tarihin Kano ya ambata a zamanin Sarkin Kano Dauda (1421 zuwa 1438), kuma Muhammadu Bello ya kawo labarin yaƙe-yaƙenta a cikin Infaƙul Maisuri. Abin lura shi ne, masu riƙe da waɗannan jeri maza ne, Musulmi, waɗanda ba su da wata riba a ƙago sarauniya. Da suka bar sunayen nan a wurinsu, alama ce ta cewa al'umma ta riƙe su riƙon da ba ya kankaruwa.

4.0 Sarautun Mata

Hanya ta biyu ta fi ta farko daɗewa da faɗi. A Gobir akwai Inna, wadda akan zaɓo daga cikin 'ya'yan gidan sarauta. Ita ce uwar 'yan bori, ita ke sauraron ƙarar mata, tana da nata gida da barori da hanyoyin samu. A Katsina ta kafin Jihadi akwai Iya mai irin wannan matsayi, kuma da sarakunan Haɓe suka koma Maraɗi sai suka tafi da sarautar, kamar yadda Gobirawa suka tafi da ta Inna zuwa Tsibiri. A Daura, M. G. Smith ya nuna a littafinsa na 1978 cewa Magajiya tana da ikon tsawata wa sarki da kansa.

A nan ɗalibin harshe yana da abin cewa, domin kalmomi sun ajiye abin da littattafai suka bari. Inna da Iya duk sunaye ne da ake kiran uwa da su, watau al'umma ta ɗauki mai riƙe da muƙamin a matsayin uwar ƙasa, kamar yadda sarki yake uban ƙasa. Amma a Zazzau ta bayan Jihadi, sarautar Iya ta koma hannun maza 'ya'yan sarki, har ya zama ba wanda ke jin baƙon abu idan aka ce Iyan Zazzau namiji ne. Kalmar magajiya kuwa, wadda asalinta mace mai gado ce, ta sauko har ta zama laƙabin shugabar mata masu zaman kansu a birane, kamar yadda aka gani a labarin Baba ta Karo wanda Mary Smith ta buga a 1954. Muƙami ɗaya maza sun gaje shi, ɗaya kuma darajarsa ta zube. Tarihin siyasa ke nan a cikin kalmomi biyu.

5.0 Cikin Gida

Hanya ta uku ita ce wadda ba a gani daga waje. Fadar Kano ce ta fi samun nazari a wannan fanni. Tarihin Kano ya ce Muhammadu Rumfa (1463 zuwa 1499) shi ya fara kulle, amma littafin nan dai shi ya nuna cewa matarsa Madaki Auwa ta tsaya wa ɗanta Sarki Abdullahi lokacin da aka nemi yi masa tawaye, kuma jikanta Muhammadu Kisoke ya yi mulki ne tare da ita da mahaifiyarsa Iya Lamis. Ashe kulle da iko sun shigo fada tare. Heidi Nast, a littafinta na 2005, ta nuna cewa sa-ɗaka na gidan Rumfa su ne suka riƙa kula da hatsin da ake kawowa fada, har ma da rinin baba.

A manyan fadojin Hausa da ƙanana akan sami mahaifiyar sarki, wadda a Kano ake kira Mai Babban Ɗaki, da uwargida, da kuyangi, da zabiya mai waƙar biki, da kuma jakadiya. Jakadiya ita ce ke ratsa katangar da ta raba soro da cikin gida. Ita ke kai saƙo ta komo da amsa, kuma mai neman alfarma ya san cewa maganar da ta bi ta hannunta takan riga wadda aka faɗa a zaure isa kunnen sarki. Auren 'ya'yan sarakuna tsakanin gari da gari shi ma siyasa ce, domin gimbiyar da aka kai wata fada takan zama igiyar zumunci, 'ya'yanta kuma su zama masu neman gado.

6.0 Abin da Jihadi Ya Sauya

Shugabannin Jihadi sun yaƙi bori, saboda haka muƙaman da suka jingina da shi suka raunana a garuruwan da suka bi Sakkwato bayan faɗuwar Alƙalawa a 1808. Sai dai shugabancin mata ya sami sabuwar kafa, ta ilmi. Nana Asma'u 'yar Shehu (1793 zuwa 1864) ta kafa tsarin 'yan taru, inda take naɗa jaji ta sa mata malfa, ita kuma ta jagoranci matan ƙauye zuwa ɗaukar karatu. Jean Boyd ta lura cewa malfar nan tana daga cikin alamomin Inna ta Gobir, watau Nana ta ɗauki tsohuwar alama ta ba ta sabuwar ma'ana. An san Nana Asma'u sosai a yau saboda dalili guda: ta yi rubutu da Larabci da Fulatanci da Hausa, kuma zuriyarta ta adana takardunta.

7.0 Kwatanci da Fadojin Indiya

Wani matafiyi ya haɗa ƙasashen biyu a littafi ɗaya. Ibn Baɗuɗa, wanda ya yi alƙalanci a Delhi, ya ba da labarin Raziya 'yar Iltutmish, wadda ta mulki Delhi daga 1236 zuwa 1240. Shi ne kuma ya zo Mali a 1352, ya ga matar Mansa Sulaiman mai suna Ƙasa ana ambaton ta tare da mijinta a kan mumbari, ya biyo ta Takadda a 1353 ya ambaci Gobir. Shekarun nan suna dab da waɗanda ake ba 'Yargoje, amma ƙafarsa ba ta taka Zamfara ba.

Hanyoyin nan uku duk akwai su a Indiya. Raziya ta hau gado, an buga kuɗi da sunanta. A daular Mughal akwai muƙamin Padshah Begum na babbar macen fada, wanda Jahanara 'yar Shah Jahan ta riƙe. Nur Jahan, wadda Sarki Jahangir ya aura a 1611, daga cikin gida ta riƙa fitar da umarni, ita ma har aka sa sunanta a kuɗi. Gulbadan Begum, 'yar Babur, ta rubuta tarihin ɗan'uwanta Humayun, ta bayyana zaman matan fada daga ciki.

Misalin da ya fi kusa da ƙasar Hausa shi ne Bhopal, masarautar Musulmi wadda ta zauna ƙarƙashin Ingila kamar masarautun Arewa. Mata huɗu suka riƙe ragamarta tsakanin 1819 da 1926: Ƙudsiya, da Sikandar, da Shah Jahan, da Sultan Jahan. Sikandar ta yi aikin hajji a 1864 ta rubuta labarin tafiyarta. Shah Jahan ta yi shekaru tana mulki daga bayan labule, kuma ita ta ba da mafi yawan kuɗin gina masallacin Woking a Ingila a 1889. Sultan Jahan, wadda ke fita cikin lulluɓi, ita ce Uwar Jami'ar Musulmi ta Aligarh ta farko a 1920.

Darasin a fili yake. Lulluɓi bai hana waɗannan mata mulki ba, kuma bai shafe su daga tarihi ba, domin sun bar kuɗi da hatimi da wasiƙu da littattafai. Matan fadojin Hausa sun bar labarinsu ne a baka, bakin kuma yana da nasa takunkumi. Alkunya takan hana kama sunan uwar sarki ko matarsa, sai dai a sakaya. Makaɗan fada, irin su Salihu Jankiɗi ɗan Rawayya ta ƙasar Bunguɗu, da Musa Ɗanƙwairo wanda ya waƙe 'Yandoton Tsafe, sun fi jero nasaba ta wajen uba da kaka. Girmamawar da ta rufe sunan mace a raye ita ce ta binne shi bayan rasuwarta.

8.0 Kammalawa

An ga cewa mata sun hau gado, sun riƙe muƙami, sun kuma juya al'amura daga cikin gida, a ƙasar Hausa kamar a Indiya, kuma bambancin da ke tsakani na adana labari ne. Wannan ya ɗora nauyi a kan ɗaliban sashen Hausa, musamman mata, waɗanda ke iya wuce soro su shiga inda namiji ba ya shiga. A Gusau da Tsafe da Bunguɗu akwai tsofaffin jakadu da zabiyoyi da gwaggwannin sarakuna masu riƙe da kirari da waƙoƙin biki da sunayen iyayen sarakuna. Kundin digiri ɗaya a kan kowace fada zai ceci abu mai yawa. Hausawa sun ce da zafi-zafi akan bugi ƙarfe, kuma duk tsohuwar da aka kai makwancinta ba a zauna da ita ba, ta tafi da abin da ba a samun sa a kowane ɗakin karatu.