Da Ɗan Gari Akan Ci Gari: Bayani a Kan Mai Taya Ɓarawon Yara

Ga jama'ar ƙasar Zuru baki ɗaya, tun daga Dabai har Mahuta, daga Ribah da Wasagu har Dirin Daji, Musulminmu da Kiristanmu da masu riƙe da al'adar kakanni, dalilin rubuta wannan 'yar takarda shi ne a jawo hankalin mai karatu zuwa ga wani mutum wanda ba safai akan ambace shi ba idan an sace yaro, alhali kuwa in da za a cire hannunsa daga cikin al'amarin, da ɓarawon ya kwana da yunwa. Wannan mutum shi ne mataimaki, wanda malaman fiƙihu suka daɗe da yi wa babi a littattafansu, mutanen yanzu kuma suke kiran wani nau'insa infoma.

Ba wanda ya manta da asubahin Litinin 17 ga Nuwamba 2025, sa'ad da 'yan bindiga suka faɗa wa makarantar sakandaren 'yan mata ta gwamnati da ke Maga, cikin ƙaramar hukumar Danko/Wasagu, suka kashe mataimakin shugaban makarantar, suka kora ɗalibai 25 cikin daji, waɗanda Allah ya ƙaddara wa 24 daga cikinsu dawowa bayan kwana takwas. Kafin wannan kuwa an yi ta Birnin Yawuri, ranar 17 ga Yuni 2021, inda aka kwashe ɗalibai da malamai daga kwalejin gwamnatin tarayya, 'yan matan ƙarshe ba su ga iyayensu ba sai cikin 2023. To, a nan nake roƙon mai karatu ya tsaya ya yi lissafi irin na magidanci, wanda ya san abin da rumbu yake ci a wata. Mutanen da ba su noma, ba su da kanti, ba su da gidan mai, ba su da ɗakin magani, ta yaya suka ciyar da 'ya'yan mutane kusan shekara biyu a cikin ƙungurmin daji? Shinkafar da suka dafa a kasuwa aka auna ta, man da baburansu suka sha wani ne ya ɗura shi a jarka, layin wayar da suka kira iyaye da shi da sunan wani aka yi masa rajista, kuma kowane ɗaya daga waɗannan mutane yana kwana a cikin gari, yana gaisawa da maƙwabta da safe. Hukumomi ma sun gane haka, shi ya sa a watan Satumba 2021 maƙwabciyarmu Zamfara ta rufe kasuwannin mako, ta hana sayar da mai a jarka, aka kuma katse layukan waya a jihar, don a yanke igiyar da ta haɗa daji da gari.

Mutumin Zuru bai bukatar a yi masa dogon sharhi a kan aikin taro, gama shi ne ya gaji golmo, inda samari kan haɗa ƙarfi su nome gonar uban yarinya shekara bayan shekara, kuma ya san cewa ranar gayya mai garma da mai kawo ruwa da makaɗi duk sunansu 'yan gayya, in an sauke tuwo ba a ware kowa. Satar yaro ma gayya ce, illa dai ta Shaiɗan. Akwai mai nuna gida, ya ce wane ya sayar da shanu jiya, ɗansa kuma da ƙarfe kaza yake tasowa daga islamiyya. Akwai mai kiran yaron da sunansa har ya saki jiki, mai babur ko a-daidaita-sahu ya ɗauke shi. Akwai matar da za a kai wa ajiyarsa a ƙuryar ɗaki. Akwai mai ba da aron asusunsa na banki ko mai zuwa karɓo kuɗin fansa a ba shi lada. Galibinsu ba su taɓa riƙe bindiga ba, kuma da za ka ce wa ɗayansu ɓarawon mutane, sai ya rantse maka da abin da zai kashe shi, yana mai gaskata kansa.

Don a ga yadda wannan gayya take ƙarewa a gaban alƙali, ba mu da misalin da ya fi shari'ar Hanifa Abubakar ta Kano, wadda ta girgiza ƙasar nan gaba ɗaya. Yarinya ce 'yar shekara 5. Ranar 4 ga Disamba 2021, tana kan hanyar komawa gida daga islamiyya, sai Abdulmalik Tanko, mai makarantar bokon da take zuwa, ya ɗauke ta, ita kuwa ta bi shi ba gardama, domin wace yarinya ce za ta guji malaminta? Ya nemi fansar naira miliyan 6 daga iyayenta. Ya ajiye ta a gidansa, aka ba da labari cewa ya shaida wa iyalinsa 'yar wata malamar makarantarsa ce da ta yi tafiya, har zuwa 18 ga watan, ranar da 'yan sanda suka ce ya ba ta gubar ɓera saboda ya tabbata ta gane shi, sa'an nan aka binne ta a harabar wata makarantarsa. Cikin Janairu 2022 jami'an tsaro suka kama shi yana ƙoƙarin karɓar kuɗi. Ranar 28 ga Yuli 2022 Mai Shari'a Usman Na'abba na Babbar Kotun Jihar Kano ya yanke hukunci a kan mutum uku: Abdulmalik Tanko kisa ta hanyar rataya, Hashimu Isyaku, abokin shirinsa wanda ya taya shi binne gawar, shi ma kisa ta hanyar rataya, Fatima Musa kuwa, wadda aka samu da laifin haɗa baki da yunƙurin aikata laifi, ɗaurin shekara 2.

Abu biyu ne a cikin wannan hukunci suka cancanci tsokaci. Na farko, kotu ba ta bambanta igiyar shugaba da ta mataimakinsa ba, ko da yake ɗaya ne ya tsara, ɗaya kuma ya bi. Amma ba ta kuma yi wa kowa kuɗin goro ba, sai ta auna wa ta ukun gwargwadon inda ƙafarta ta tsaya. Na biyun shi ne wanda ya fi tsaya mini a rai, wato waɗannan kwana 14 da yarinyar ta yi da ranta a cikin birnin Kano, ana cigiyarta ko'ina, mahaifiyarta ba barci, alhali akwai masu numfashi waɗanda suka san an taɓa ƙulla shawarar ɗauke ta. Kalma ɗaya a kunnen mai unguwa a cikin waɗannan kwanaki, ko da a ɓoye, ko da ta bakin wani, da wataƙila ta isa. Ɓarawon yaro ya riga ya sayar da imaninsa tun ranar da ya ɗaura niyya, ba a sa ran komai daga gare shi. Mabuɗin ɗakin yana hannun wanda ya sani ya yi shiru, shi ya sa nake ganin shirun nan ya fi kowane irin taimako muni, duk da cewa shi ne mafi sauƙin kare kai da shi a gaban mutane.

Wannan hukunci ba baƙo ba ne ga wanda ya zauna gaban malamai. Ya zo a cikin Muwaɗɗa ta Imamu Malik cewa Sayyadina Umar ɗan Haɗɗabi, Allah ya yarda da shi, ya kashe jama'a saboda rai ɗaya da suka yi wa kisan gilla, ya kuma bayyana cewa ko da dukan mutanen San'a ne suka haɗa baki a kai, da hukuncin ya hau kansu duka. A ruwayar Buhari kuwa an nuna cewa wanda aka kashe ɗin yaro ne. A kan wannan asali malaman Malikiyya suka gina hukuncin tamalu'i, wato haɗa baki a kan kisa, suka ce wanda ya riƙe mutum don a kashe shi, yana sane, ƙisasi ya hau kansa kamar mai wuƙar. A babin hiraba kuma, wato fashi da tare hanya, Malik ya tafi a kan cewa mai gadi da mai leƙen asiri da mai ba da kariya hukuncinsu ɗaya da wanda ya aikata da hannunsa, domin da ƙarfinsu ne ya samu zarafin aikatawa, ko da yake Imamu Shafi'i ya saɓa, ya ce ta'aziri ne a kansu. Har ma Malik ya tafi a kan cewa wanda ya saci ƙaramin yaro ɗa, ba bawa ba, wanda bai kai wayo ba, daga inda ake tsaronsa, a yanke masa hannu, alhali wasu malamai sun ce babu haddi tun da ɗa ba dukiya ba ne. Dubi yadda magabata suka tsananta a kan abin da mu a yau wani ke yi saboda kuɗin cefane.

Dokar ƙasa ma ba ta bar ƙofa ba. Kundin Final Kot na Jihar Arewa, wanda ya fara aiki a 1960 kuma jihohinmu suka gada suna yi masa gyare-gyare, ya ƙidaya wanda ya zuga, da wanda ya haɗa baki, da wanda ya taimaka da gangan, ko da aiki ko da barin abin da doka ta wajabta masa, duka a matsayin masu hannu a laifi, kuma in an aikata laifin a sakamakon taimakonsu, horon mai aikatawa ne a kansu. Ya kuma yi tanadi na musamman ga wanda ya ɓoye ko ya tsare mutumin da ya san sato shi aka yi, ya ce a hore shi kamar shi ya sato. Wannan doka ba ta tambayar addininka ko ƙabilarka. Ta haka ne Babbar Kotun Kano ta ɗaure Paul Owne shekara 104 a 2021, saboda yaran Kano da aka sace aka sayar a Onica ta jihar Anambara, cinikin da ba ya yiwuwa sai da mai ɗauka da mai rakiya a mota da mai saye.

Uzurorin da mataimaki kan kawo sanannu ne, kuma ba duka ne na banza ba. Mai cewa talauci ne ya sa shi, ba ni da abin ce masa illa iyayen yaron ma galibi talakawa ne, gona da shanun huɗa suke sayarwa su biya. Mai cewa bai sani ba, shari'a tana karɓar wannan in gaskiya ne, amma wanda aka kawo wa yaron da bai taɓa gani ba, aka ce kada ya bari ya fita ƙofar gida, yaron yana kuka yana kiran sunan wata unguwa, sa'an nan ya ƙi tambaya don kada ya ji amsa, wannan ya sani, rufe ido kawai ya yi. Uzurin da ke da nauyi shi ne na tilas. Akwai ƙauyuka a bakin iyakarmu da Zamfara da Neja inda mutum in ya ƙi kai saƙon 'yan bindiga ba zai kwana da rai ba, kuma wanda ke zaune cikin garin Zuru kusa da barikin soja bai kamata ya yi saurin yanke wa irin wannan hukunci ba. Malamai sun yi rangwame ga wanda aka tilasta a abubuwa da yawa, amma sun haɗu a kan cewa tilas ba ta halatta wa mutum ya fanshi ransa da ran wani, saboda haka wanda aka tilasta wa kai gari da gishiri hukuncinsa daban da wanda ya nuna ɗakin da 'yan mata suke kwana.

Wajibi ne kuma a yi gargaɗi ta ɗaya gefen, domin kalmar infoma ta zama wuƙa a hannun masu ƙiyayya. Ƙasar Zuru ta mayaƙa ce, 'yan sa-kanmu sun ba da rayukansu da yawa wajen kare ƙauyuka, ba mai musun wannan. Amma wanda aka kashe a kasuwa ko a bakin hanya saboda an ce an gan shi yana waya, ko saboda shi Bafillace ne, ko don yana da rikicin gona da wani, jininsa yana wuyan waɗanda suka kashe shi da wanda ya nuna shi, kuma hukuncin tamalu'in nan da muka ambata bai tsallake su ba. Zato ba ya zama bayyina komai yawan masu yinsa. Ban da haka, mataimakin da aka kashe a kan titi ya tafi kabari da sunayen sauran 'yan gayyar da kuma inda aka ajiye yaron, wanda aka miƙa wa hukuma da rai kuwa ana iya bin sawunsa har a kai ga ɗakin.

Saura magana ga wanda ya riga ya sa ƙafa, wanda wataƙila wani zai karanta masa takardar nan a rumfar mai shayi ya ji gabansa ya faɗi. Malamai sun tabbatar cewa ɗan fashin da ya tuba ya miƙa kansa tun kafin a ci ƙarfinsa, haddin hiraba ya faɗi daga kansa, sai haƙƙoƙin mutane su rage a wuyansa. Kotunan ƙasa kuma sukan duba halin wanda ya zo da kansa ya ba da shaida. Muddin yaron yana numfashi, lokaci bai ƙure masa ba. In yana tsoron zuwa ofishin 'yan sanda da ƙafarsa, to ya sami limaminsa ko fastonsa bayan an watse, ko mai unguwa, ko dagaci, su kai maganar ga hakimi da babban jami'in 'yan sanda na yankin, ya faɗi gidan, da ɗakin, da wanda ke riƙe da mabuɗi, da lokacin da ake kai abinci. Shugaban da aka kawo wa irin wannan magana kuma amana ce aka ɗora masa: kada ya ambaci sunan mai kawowa ko ga matarsa, kada kuma ya ce sai gari ya waye.