Darasi: Kuɗin Mamaci da Ke Ajiye a Banki

'Yan uwana mata, darasin yau a gidanmu na koye shi. Mijin gwaggona ya sayar da shanu, ya kai kuɗin banki ajiyar wa'adi ta wata shida. Wa'adin bai cika ba Allah Ya yi masa rasuwa. Gwaggo tana takaba ƙanensa ya zo ya ce kuɗin nasa ne, wai sunansa marigayin ya rubuta a fom, a gurbin da 'yan banki ke kira nes-of-kin. Aka yi ta ja-in-ja har gaisuwa ta yanke tsakanin gida biyu. Sai da aka je kotu sannan marayu suka samu haƙƙinsu.

Abu na farko da nake so mu riƙe: sunan da ke wannan gurbi na wanda banki zai tuntuɓa ne idan wani abu ya faru. Bai mai da shi mai kuɗin ba. Kuɗin gado ne, na duk magada.

Na biyu, kada kowa ya ɗauki katin ATM ko wayar mamaci ya ciri kuɗi, ko da don hidimar makoki ne. Banki yana da lissafin kowane kwabo, kuma ranar rabo za a tambaya.

Matakan da ake bi
1. A karɓi takardar shaidar mutuwa daga asibiti da ofishin Hukumar Ƙidaya ta Ƙasa.
2. A sanar da banki a rubuce, a bar kwafi ɗaya da hatiminsu a hannu.
3. A je kotu. A jihohinmu, gadon Musulmi kotun shari'ar Musulunci ce ke raba shi, ita za ta rubuta wa banki. Wasu bankunan sai an kawo takardar izinin kula da dukiyar mamaci daga sashen gado na babbar kotun jiha. Ku tambayi bankin wacce yake so tun kafin ku kashe kuɗin mota.
4. A nemi sitatimen da ya nuna uwar kuɗi, ranar cikar wa'adi, da abin da ya hau kai. Sau da yawa idan wa'adi ya cika ba a zo ba, banki kan sabunta ajiyar. A tabbata an lissafa har da wannan ƙarin.

Yadda ake rabo
Ana fara cire kuɗin jana'iza, sai bashi, sai wasiyya wadda ba ta wuce kashi ɗaya cikin uku ba. Misali, naira 800,000 ta rage, mamaci ya bar mata 2, 'ya'ya maza 2 da mata 3, iyayensa sun riga shi rasuwa. Matan suna da tumuni, wato 100,000, kowacce 50,000. Saura 700,000: kowane namiji 200,000, kowace mace 100,000. Ƙanen mamaci ba shi da komai tunda akwai ɗa namiji.

Maganar kuɗin ruwa kuwa, malamai sun ce riba ce, ba a cin ta. Ku nemi banki ya ware adadinta daban, ku kai maganar gaban alƙali ko malami. Kada mutum ɗaya ya riƙe ta da sunan zai bayar sadaka, nan ne zargi yake shiga.

Kada a yi sanyin jiki. Bisa ƙa'idar Babban Bankin Najeriya, asusun da ya shekara 10 ba a taɓa ba ana mayar da kuɗinsa can. Magada suna iya nema, amma zirga-zirgar ta ƙaru.

Mu tattauna
Wace ce a cikinmu ta san bankin da maigidanta yake ajiya? Mu da kanmu fa, idan ɗayarmu ta rasu yau, wa zai karɓi zubinta da ke asusun ƙungiya? Kafin zama na gaba, kowacce ta zauna da maigida su yi wannan maganar cikin lalama. Sakatariya kuma ta buɗe shafi a littafinmu, a rubuta zubin kowacce, bashin da ake bin ta, da wanda za mu sanar.