Jirgi, Kwando da Akwati a Cikin Littafi Mai Tsarki



Sa'ad da Jerom Mai Tsarki ya juya Littafi Mai Tsarki zuwa harshen Latin, wajen shekara ta 400, kalma guda ya yi amfani da ita, wato "arka", domin jirgin Nuhu da kuma Akwatin Alkawari. Mu masu jin Hausa mun huta da wannan ruɗami, gama muna da jirgi, muna da akwati. Ibrananci ma kalmomi biyu gare shi, "teba" da "aron".

Teba ita ce jirgin Nuhu (Farawa 6). Tsawonsa kamu 300, fāɗinsa 50, tsayinsa 30, hawa uku, an shafe shi da ƙaro ciki da waje. Ku lura da abin da ba a ambata ba: babu filafilai, babu abin tuƙi, babu matuƙi. Rayuka takwas suka shiga, Ubangiji ne kuma ya rufe musu ƙofa. A dukan Tsohon Alkawari, wuri ɗaya kaɗai wannan kalma ta sāke fitowa, wato kwandon iwa da mahaifiyar Musa ta shafe da ƙaro, ta sa jaririnta a ciki, ta ajiye a bakin Kogin Nilu (Fitowa 2). Babban jirgi da ɗan kwando suna ɗaya gare su, domin aikinsu ɗaya: ɗaukar wanda ba ya iya ceton kansa a bisa ruwan mutuwa. Shi ya sa Bitrus ya kwatanta ruwan tufana da baftisma (1 Bitrus 3), iyayen Ikilisiya na farko kuma suka ga siffar Ikilisiya a jirgin.

Aron kuwa akwati ne kawai. Da wannan kalma aka kira akwatin gawar Yusufu a Masar, da akwatin da firist Yehoyada ya huda wa murfi domin tara kuɗin gyaran Haikali. Ashe akwatin baikonmu ma yana da kaka a cikin Nassi! Amma wanda ya fi su duka shi ne wanda Bezalel ya ƙera a jeji da itacen ƙirya, tsawonsa kamu biyu da rabi, an dalaye shi da zinariya, kerubobi biyu a bisa murfinsa. A ciki aka ajiye allunan Dokoki Goma. Wasiƙa zuwa ga Ibraniyawa ta ƙara da tulun manna da sandan Haruna. Teba tana ɗaukar mutane. Aron kuwa mutane ne ke ɗaukarsa a kafaɗa.

A nan ne haɗarin yake, gama abin da mutum ke ɗauka a kafaɗarsa yakan yi zaton shi ke iko da shi. A zamanin Eli, da Filistiyawa suka ci Isra'ilawa, dattawa ba su tambayi kansu ko sun yi zunubi ba. Suka aika Shilo a kawo Akwatin filin daga, Hofni da Finehas, 'ya'yan Eli masu cin haram, suna biye. Aka yi sowa har ƙasa ta girgiza. A ranar aka karkashe su, aka kwace Akwatin, ya yi wata bakwai a hannun abokan gaba (1 Sama'ila 4 zuwa 6). Ba ƙarfi ne ya ƙare wa Allah ba, domin gunkin Dagon ya fāɗi rubda ciki a gaban Akwatin a Ashdod. Ya dai ƙi a mai da alkawarinsa laya. Nakan tuna da wannan duk lokacin da aka kawo mini rosari in sa wa albarka, alhali mai shi ba ya addu'a da shi, a mota kawai zai rataye.

Ina Akwatin yake yau? Bayan da Babilawa suka ƙone Haikalin Sulemanu wajen shekara ta 587 kafin haihuwar Kristi, ba a ƙara ganinsa ba. Littafin Makabiyawa na Biyu ya ce Irmiya ya ɓoye shi a kogon dutsen da Musa ya hau. Ikilisiyar Habasha ta ce yana garin Aksum. Haikali na biyu dai ba shi da shi, Irmiya kuwa ya riga ya yi annabci cewa ba za a ƙera wani ba (Irmiya 3:16).

Sunan bai ɓace ba. Har yau a kowace majami'ar Yahudawa akwai ma'ajiya a bangon da ke fuskantar Urushalima, inda ake ajiye naɗaɗɗun littattafan Attaura. Da yawa suna kiranta "aron ha-kodesh", akwati mai tsarki, fitila kuma tana ci a gabanta dare da rana. Wanda ya saba durƙusawa gaban ma'ajiyar Sakramenti Mai Tsarki ba zai rasa gane dangantakar ba.

Luka kuwa ya nuna mana wani akwati. Dawuda ya yi mamakin yadda Akwatin Ubangiji zai zo wurinsa, ya yi ta tsalle a gabansa, Akwatin kuma ya zauna wata uku a gidan Obed-edom (2 Sama'ila 6). Alisabatu ta yi irin wannan mamaki a ƙasar tuddai ta Yahudiya, Yohanna ya motsa a cikinta don murna, Maryamu kuma ta zauna wajen wata uku. Wannan karon Akwatin da ƙafarsa ya zo, ba wanda ya ɗauko shi. Domin haka muke kiran Budurwa Maryamu Akwatin Alkawari a cikin roƙe-roƙenmu, a ranar 15 ga Agusta kuma, idin ɗaukarta zuwa sama, karatun farko yakan soma da Akwatin da Yohanna ya gani a Haikalin Allah na sama (Ru'ya ta Yohanna 11:19).