Biza Alkawari Ce: Darasi Ga Mai Niyyar Tafiya Saudiyya

 

Ya 'yan'uwa matasa, makon jiya wani ɗalibina ya tsayar da ni bayan darasin Nahawu, ya ce: "Ustaz, yayana zai tafi Umra. Mai haɗa masa tafiyar ya ce idan ya isa ya ɓuya har lokacin Hajji, daga nan ya nemi aiki. Akwai laifi?" Na san ba gidansu kaɗai ake wannan shawara ba. Ana yin ta a Nima, ana yin ta a Sabon Zongo da Aboabo. Shi ya sa na mai da amsar darasi.

Mu fara da kalmomi, tun da sana'ata ke nan. Fasfo shi ne "jawazus safar", ƙasarka ce take ba ka, shaida ce cewa kai ɗanta ne. Biza ita ce "ta'ashira", asalin kalmar sa alama ne, kuma ƙasar da za ka je ce take ba ka. Alamar tana faɗin abu biyu: abin da ya kawo ka, da tsawon zamanka. Bizar Umra daban, ta Hajji daban, ta karatu daban, ta aiki daban. Wanda ya karɓi bizar Umra ba shi da izinin Hajji ko aiki.

Malaman fiƙihu sun san wannan tun kafin a fara buga hatimi a fasfo. Suna kiransa "aman", wanda ya shiga ƙasa da shi kuma "musta'amin". Aya ta 6 ta Suratut Tauba ta yi umarni a ba wanda ya nemi mafaka mafaka, ko da mushriki ne, sannan a kai shi inda zai aminta. Ranar buɗe Makka, shekara ta 8 bayan Hijira, Ummu Hani ta ba wani mutum kariya, ɗan'uwanta Aliyu (R.A.) yana neman kashe shi, Annabi (S.A.W.) ya tabbatar da kariyarta. To amma aman fuska biyu gare shi. Mai ƙasa ba zai cuce ka ba, kai ma ba za ka yaudare shi ba. Da yawa daga malaman wannan zamani sun ɗauki biza a matsayin aman, kuma farkon Suratul Ma'ida umarni ne da cika alkawura. Wanda ya sa hannu cewa Umra zai yi ya dawo, alhali ya ƙudurta maƙalewa, da ƙarya ya fara ibadarsa. Ni dai ban ga yadda za a gyara wannan da kyakkyawar niyya ba.

Ga kuma abin da yake faruwa a zahiri. A Hajjin 2024, ministan lafiya na Saudiyya ya ce mutum 1,301 suka rasu, kuma kashi 83 cikin ɗari ba su da izinin Hajji. Dalilin a fili yake: marar izini ba shi da tanti mai sanyi a Mina da Arfa, ba shi da motar alhazai, sai tafiyar ƙasa cikin tsananin rana, ga tsoron zuwa asibiti kada a kama shi. A 2025 hukuma ta sanar da tarar da ta kai riyal 20,000 ga mai yin Hajji ba izini, tare da kora da hana shiga ƙasar shekara 10.

Idan za ka nemi biza, fara da takardunka. Babbar matsalarmu a zongo ita ce suna. Takardar haihuwa ta ce Mohammed, shahadar makaranta ta ce Muhammad, katin ɗan ƙasa ya ce Mahama, ranar haihuwa kuma iri biyu. A wurinka mutum ɗaya ne, a wurin jami'in biza mutum uku ne. Gyara wannan kafin ka biya ko sidi ɗaya. Fasfo ya kasance da sauran wata shida aƙalla kafin ya ƙare, katin allurar shawara yana hannu. Mai neman karatu, misali a Jami'ar Musulunci ta Madina, sai ya sami takardar karɓa tukuna, sannan a tantance shahadodinsa a Ma'aikatar Harkokin Waje da ofishin jakadancin Saudiyya a Ankara. Dillalin da ya ce ya san wani a ciki, ka tambaye shi rasit. Kada ka yarda a cika maka fom ba ka karanta ba, domin ƙaryar da aka rubuta da sunanka taka ce.

'Yan'uwa mata, maganar aikin gida ta shafe ku. A 2017 gwamnatin Ghana ta dakatar da ɗaukar 'yan aikin gida zuwa ƙasashen Larabawa na Gulf saboda rahotannin cin zarafi. Kalmar "kafil" ma'anarta mai lamuni, amma idan ya riƙe fasfonki ya zama mai ɗaurewa. Dokar Saudiyya kanta ta hana maigida riƙe fasfon ma'aikaci. Idan kuma mutum ya gudu, ana shigar da ƙararsa da abin da suke kira "hurub", daga nan zamansa ya saɓa doka.

To idan abu ya ɓaci a can, ina za a nufa? Ghana tana da ofishin jakadanci a Riyad da ƙaramin ofishi a Jidda. Aikinsu yana ƙarƙashin Yarjejeniyar Biyena ta 1963, wadda Ghana da Saudiyya duka suka amince da ita. Sashe na 36 ya ce idan aka kama baƙo, ya nemi a sanar da jami'in ƙasarsa, dole a sanar ba tare da jinkiri ba, kuma jami'in yana da haƙƙin ziyartarsa. Lura da sharaɗin: sai ka nema. Don haka ka haddace yadda za ka faɗa da Larabci cewa kai ɗan Ghana ne, kana son a kira "ƙunsuliyya".

Ofishin zai iya ba ka takardar tafiya ta gaggawa idan fasfo ya ɓata ko an riƙe shi, ya sanar da iyalinka, ya taimaka da takardu idan an yi rasuwa. Ba zai iya fitar da kai daga kurkuku ba, ba zai soke hukuncin alƙali ba, kuma kada ka sa rai zai biya maka tara. Izinin fita ma daga hukumar Saudiyya yake zuwa, ba daga jakadanmu ba.

Kafin ya ba ka takarda kuwa, sai ya gamsu kai ɗan Ghana ne. A nan ne wanda ya yi tafiya da fasfon wata ƙasa, ko da sunan wani, yake shiga uku: ofishin da fasfon ya nuna bai san shi ba, namu kuma yana neman hujja. Saboda haka ka ɗauki hoton shafin fasfonka da bizarka da katin ɗan ƙasa, ka ajiye a waya, ka bar kwafi wurin mahaifiyarka ko limamin unguwa, ka rubuta lambar ofishin Jidda a takarda, domin waya ce farkon abin da ake karɓewa.

Ɗalibin nan na ce ya kawo mini yayansa ranar Asabar bayan La'asar, ya zo da duk takardar da dillalin ya ba shi mu karanta tare.